Kassimu Baduku da Jar Ƙwallon Bature

Wanda ya zauna unguwar Mahjar ta Jidda ya san Kassimu baduku. In bai san fuskarsa ba ya san ƙeyarsa, don kullum a sunkuye yake kan fata, basilla a hannu, zare a baki. Mutumin Damagaram ne, gajere, mai kunnuwa kamar marfin tukunya. Gidansu dukawa ne tun kaka da kakanni, kuma ba dukawan takalmi ba, su ne masu ɗinka wa 'yan kokowa layu da guraye da kambuna. Ubansa ya koya masa ɗinki, ya haɗa masa da ƙa'ida guda: abin da aka kawo maka a naɗe, a naɗe za ka mayar. Baduku ba ya leƙa cikin layar wani. In gidanta ya tsufa sai ka yi mata sabo a kan tsohon, ka ja bakinka ka yi shiru.

Ya zo aikin hajji a 1975 da niyyar komawa kafin damina. Jidda kuwa halin bazawara mai wayo gare ta, ba ta ce maka zauna, sai dai ka waiga ka ga ka yi furfura a gidanta. Ya samu kafili mai tsaya masa wurin hukuma, ya samu iƙama, ya samu Zeinabou, 'yar Maraɗi mai tuyar masa, kuma a cikin ukun nan Zeinabou ce ta fi yawan tambayarsa ina ya je.

Sana'a ce ta ƙi shi. A Jidda ba a kokowa, laya kuma wanda aka gani yana ɗinka ta ba nasiha kaɗai za a yi masa ba. Sai ya samu gindin bangon wani mai yadi a kasuwar Bab Makka, yana gyaran hannun jakar alhazai da silifa. Mutumin da zakarun fage ke tsugunna wa, ga shi yana gasa ƙusa yana liƙa hancin roba. In ya dawo gida yakan sansana hannunsa ya yi tsaki.

A shekara ta huɗu da zuwansa, Hamidou, yayan Zeinabou, ya zo da abin da ya kira alheri. Gadin wani bene ne a unguwar Ruwais: ɗaki a ƙarƙashin matakala, wankin motoci da safe, ɗaukar tulun gas zuwa sama. Sharaɗi ɗaya ne, mai benen ba ya son warin fata, ba ya kuma son masu kawo gyara a ƙofarsa. Wanda ya karɓi makullin nan ya ajiye basilla ke nan.

"Mai gidan yana Ɗa'if, ƙarshen wata zai dawo," in ji Hamidou. "Kafin nan ka ba ni amsa. Masu so suna nan kamar ƙuda."

"Yaya, ai ya karɓa," in ji Zeinabou daga bakin murhu.

"Ban ce ba."

"To faɗa mana, Malam. Ko silifar ce za ta yi maraici in ka tafi?"

Kassimu ya dubi basillarsa. Shi ba silifa yake ji ba. Yana ganin in ya ajiye basilla, shi ne na farko a gidansu da za a tambaya sana'arsa ya ce jiran ƙofar wani.

Cikin kwanakin nan ne Mahmud ya zo. Bapakistane ne, direban wani kamfani mai aikin tashar jiragen ruwa, ya kawo takalmin fata da ya ɓalle. Ya ga ɗinkin, ya juya takalmin ya sake dubawa, sannan ya ce da irin Larabcin nan nasu na kasuwa wanda kowa ya karya nasa a inda ya ga dama:

"Sadik, Juma'a bayan salla akwai shugul, aiki. Fata, ba roba ba. Zan zo in ɗauke ka."

Jin kalmar fata kaɗai ya ishi Kassimu.

Fili ne fetal a bayan ma'ajiyar kamfanin, ko tsinken ciyawa babu. An shimfiɗa doguwar tabarma a tsakiya, an kafa sanduna uku-uku a kowane kai. Maza manya, Turawa da 'yan Hindu da 'yan Pakistan, duk cikin fararen kaya kamar za su ɗaurin aure, sun warwatsu a rana suna jiran abin da Kassimu bai gane ba. Ɗaya ya rugo ya jefo ƙwallo, ɗaya ya tare da katako mai kama da muciyar gidan biki. Wani lokaci a yi gudu, wani lokaci a tsaya ana kallon juna. Mahmud ya ce sunan abin kurket. Aka ba Kassimu wani abin ɗaura wa ƙauri da maɗaurinsa ya tsinke, ya ɗinke shi tun kafin a gama yi masa bayani, ya koma kallo. Abin da ya fi ɗaure masa kai shi ne ba mai taɓa jikin wani, kuma ba makaɗi.

Akwai wani tsohon Bature dogo a tsaye bayan sandunan, ja kamar tumatirin Ɗa'if, gwiwa ɗaya ba ta lanƙwasuwa. Shi ne alƙali, kuma shi ne mai tsaron ma'ajiyar kamfanin, Mista Arnol. Can aka yi ta roƙonsa ya yi jifa, ya ba wani hularsa ya karɓi ƙwallon. Nan Kassimu ya gyara zama. Tsohon ya lashi yatsunsa ya shafa wa ƙwallon a gefe ɗaya, ya goga ta a cinya, bakinsa yana motsi. Ya ɗingisa 'yan taku, ya wurga ta ba wani ƙarfi. Ƙwallon ta taho sak, sai ta canza shawara a cikin iska, ta kauce wa muciyar ta kwashe sanda.

Kassimu ya ce a ransa, to, yanzu aka zo wurin. Ya ga tofi, ya ga karatu, ya ga aiki ya ci. Ashe Turawan ma sun sani, ɓoyewa suke yi.

Ana tsaka da wannan yaƙi sai aka ce a tafi shan shayi, kowa ya ajiye makaminsa. Mahmud ya ja Kassimu gaban Mista Arnol. Tsohon ya duba maɗaurin da aka ɗinke, ya ja shi da ƙarfi, ya gyaɗa kai. Sai ya sa hannu a aljihu ya fito da ƙullin hankici, ya kwance a hankali. Wata ƙwallon ce, ba wadda ake wasa da ita ba. Ta tsufa ta yi duhu kamar busasshen dabino, duk jikinta tabo, ɗinkin da ya zagaye cikinta ya buɗe baki a wuri guda, aikin zafin Jidda da gishirinta. Kassimu ya lura ba wanda ya miƙa hannu ya taɓa ta.

Mahmud ya yi tafinta. Mutumin nan, in ji shi, a ƙasarsu da wannan wasa yake ci yake sha, shekara da shekaru yana jefa wa gundumarsu ƙwallo, mutane na biya su shiga kallo. Wannan kuwa ba ya rabuwa da ita. Yana so a ɗinke bakin da ya buɗe. In aikin ya yi masa, kayan ƙungiyar nan duka, da na sauran ƙungiyoyin da yake yi wa alƙalanci, safar hannu da abin ƙauri da jakunkuna, Kassimu za a riƙa kawo wa.

Tsohon ya nuna wurin da ɗan yatsa, daga nan zuwa nan. Kassimu ya gane sarai. Ya karɓa da hannu biyu.

A gida Zeinabou ta ɗauke ta ta girgiza a kunne.

"Ba ta ƙara. Me ke ciki?"

"Ajiye, ba naki ba ne."

"Ga baki a buɗe, Malam. Leƙawa kawai za mu yi, ba ci za mu yi ba."

"Ubana bai leƙa ba."

"Ubanka bai ga ta Bature ba. Ni dai ina so in san da wane harshe suke rubuta tasu."

Shi ma yana so, har ya fi ta. Ya kai ƙwallon bakin taga, ya hango wani abu kamar zare naɗe a ciki, ya yi maza ya kau da ido kamar wanda ya tarar da surukarsa tana wanka. Nan matsalar ta bayyana gare shi. In zai ɗinke bakin nan yadda aka nuna masa, dole ya ɗaga leɓen fatar, ya zura basilla ta ciki, ya ga abin da ke kwance. Wato ya buɗe layar mutum, layar da ta ciyar da shi tun ƙuruciya. In ta mutu a hannunsa fa? Baturen bai san abin da ya roƙa ba, haka 'yan kokowa suke, ƙarfi gare su ba sanin ƙa'ida ba. Aikin baduku ne ya yi wa mutum abin da ya dace da shi.

A ƙasan adakarsa akwai jar fatar akuya da ya taho da ita daga Damagaram, jimar ubansa, rinin karan dafi, laushi kamar kuncin jariri. Zeinabou ta sha roƙon a yi mata jaka da ita, yana cewa ba ta kai ba. Ita ya ciro ya yanka. Bai kai aikin Bab Makka ba, don ba abin ɗinkawa a bainar jama'a ba ne. Da hantsi yake zama a tsakar ɗaki, silifar Jidda kuwa ta yi ta tsinkewa ba mai ceto. Ya yi wa ƙwallon sabon gida ya lulluɓe ta ruf, ya bi da ɗinki siriri wanda ido ba ya gane inda ya fara. Ya saka mata zane da kore da ɗorawa, ya yi mata hanci na ratayawa, ya sako geza a ƙasa. Tun da ya bar gida hannunsa bai yi abu mai kyan wannan ba. Har waƙa aka ji yana yi, abin da ya sa Zeinabou ta taɓa goshinsa ta ji ko zazzaɓi ne.

"In Baturen nan bai rungume ka ba, ba shi da ido," in ji ta. "In kuma ba shi da idon, makullin Yaya na nan."

Ranar Juma'a ya jira aka tashi shan shayi, ya je gaban Mista Arnol ya kwance ƙyalle.

Aka zuba ido. Gezar tana lilo a iska. Mahmud ne ya fara ganewa, don su ma a ƙasarsu suna rataya irin wannan a wuyan 'ya'yansu. Ya riƙe ciki ya durƙusa, ya faɗa wa 'yan uwansa da yarensu, dariya ta kama kamar wutar kara. Mista Arnol bai yi dariya ba. Jan fuskarsa ya sauko har wuya. Ya yi magana gajeriya.

"Ya ce ina ƙwallonsa," in ji Mahmud yana share hawaye.

"Tana ciki. Ka ce masa lafiya lau take, ban leƙa ba, wallahi ko iyalina ban bari ta leƙa ba."

Mahmud ya faɗa. Tsohon ya dubi Kassimu kamar yana neman inda zai kama maganar. Sannan ya ce a fito da ita, yanzu.

A Damagaram, baduku ya warware ɗinkinsa a gaban mutane daidai yake da ɗan kokowa ya zauna da kansa tun ba a taɓa shi ba. Kassimu ya ji ƙafafunsa na cewa a tafi. Amma in ya tafi ina za shi, in ba ƙarƙashin matakala ba? Ya tsuguna, ya ciro aska, ya bi zarensa ɗaya bayan ɗaya yana yankewa. Sabon gidan ya buɗe, tsohuwar ta gangaro tafin hannunsa da tabbanta da buɗaɗɗen bakinta, yadda aka ba shi.

Mista Arnol ya karɓe ta ya zauna a kan akwatin kaya, ƙafar nan a miƙe. Ya daɗe yana juya ta. Da ya ga ba abin da ya same ta sai numfashinsa ya sauka. Ya yafito Kassimu, ya sa Mahmud a tsakiya, ya nuna wani tabo.

Wannan, in ji shi, sandar da ta tumɓuke ce. Wannan kuma bangon 'yan kallo ne, inda wani ya make ta ta je ta bugu. Shi ɗan mai haƙar kwal ne daga arewacin Ingila. Yana saurayi gundumarsu ta ɗauke shi, ya tsira daga ramin da ya cinye huhun ubansa. Ya fara suna ke nan yaƙin duniya ya zo ya kwashe masa shekarun da hannu ya fi ƙarfi. Da aka dawo ya ci gaba, bazara yana jifa, hunturu yana dakon buhu a masana'anta, don wasan ba ya ciyarwa sai rabin shekara. A filin akwai ƙofa biyu. 'Ya'yan masu hali, da ke wasa don nishaɗi, suna da ƙofarsu da ɗakin sa kayansu. Irin su da ake biya kuwa ta ƙofar gefe suke fitowa, kuma ba a ce musu Mista.

Kassimu ya katse Mahmud. "Tambaye shi, a fili ɗaya suke wasan?"

"Ya ce fili ɗaya, ƙungiya ɗaya."

"To ashe ɗan sana'a ne. Ka ce masa mu ma ba ma shiga zauren sarki da takalmi, ko da mu muka ɗinka na ƙafarsa."

Tsohon ya ji wannan ya yi 'yar dariya ta hanci, ta farko a ranar. Ya ci gaba. Wata rana a 1949, a wani fili a bakin teku, sama ta yi lumshi, ƙwallon nan ta yi masa biyayya yadda ba ta taɓa yi ba. Ya kwashe sandunan mutum bakwai na ƙungiyar da ta fi kowa ƙarfi a shekarar, tsakanin abincin rana da shayi. Shugabansu ya ba shi ƙwallon. Aka yi ta cewa za a kira shi ya buga wa ƙasa. Ya jira bazarar nan, ya jira ta gaba, aka kira wani. Daga baya gwiwa ta tafi, aka gayyace shi ofis aka ba shi hannun sallama. Ya koyar da wasan a wata makaranta, ya yi tsaron ma'ajiya, matarsa ta rasu, ya ga tallar aiki a ƙasa mai rana. Abin da ya rage na yinin nan shi ne tabban da ke jikin fatar nan, kuma su Kassimu ya rufe.

Kunya ta kama Kassimu, amma kunya ba ta taɓa hana shi tambaya ba.

"Wa ke yi masa kirari in ya kayar?"

"Ya ce tafi ake yi, a hankali."

"Ba kalangu?"

"Babu."

"Allah sarki. To me yake tofawa?"

Mahmud ya tambaya, ya dawo da amsa: yawu ne kawai. Gefe ɗaya ya yi santsi, ɗaya ya yi kaushi, sai iska ta tura ta.

"Abin da yake karantawa fa?"

"Ya ce gwiwarsa yake zagi."

"Na ciki fa? Tunda shi ne mai ita, ya halatta ya faɗa."

"Irin abin toshe kwalba ne, da zare naɗe a kai. Halas."

Kassimu ya gyaɗa kai cikin ladabi. Ya ɗinka wa zakaru da yawa, bai taɓa jin wanda ya ce yana da magani ba, kowa cewa yake ƙarfin tuwo ne.

Aka kira a koma fili. Mista Arnol ya naɗe ƙwallonsa a hankici da bakinta a buɗe, ya mayar aljihu. Kassimu ya fara tattara kayansa, yana lissafin yadda ake ɗaukar tulun gas a kafaɗa. Sai tsohon ya sunkuya ya ɗauki jar fatar da aka warware. Ya shafa ta, ya sansana, ya kama ragowar ɗinkin ya ja da hannun nan nasa mai yatsu kamar rogo. Ɗinkin bai motsa ba. Ya faɗi magana ya ɗingisa ya tafi.

"Me ya ce?"

"Ya ce abin ƙauri da safar hannu da jaka, naka ne. Ƙwallo kuwa ko ta faɗo a cinyarka kada ka taɓa. Kuma ba geza."

"Ko kaɗan?"

"Ko kaɗan, sadik. Yalla, ɗauki buhun can."

Da buhun a ka ya shiga Mahjar, ya tarar da Hamidou zaune yana cin masar ƙanwarsa. Ya sauke a gabansa, ƙura da warin zufar maza suka tashi.

"Yaya, ka ba wani makullin."

"Saboda wannan tsummokaran?"

"Fata ce."

Zeinabou ta zaro safar hannu ɗaya da yatsu biyu, ta nisanta ta da hancinta. "Ya rungume ka?"

"Bai rungume ni ba."

"Me ke cikin ƙwallon?"

"Ya ce zare."

"Kai ma ka yarda?"

"Ni yaro ne?"

Hamidou ya yi fushi har bayan babbar salla, sannan ya huce, don ba wanda ya iya tuyar masa irin ta Zeinabou.

Mista Arnol ya koma ƙasarsu bayan 'yan shekaru, da aikin tashar ya ƙare. Turawan suka ragu, 'yan Pakistan da Hindu suka ƙaru, ƙungiyoyi suka yi yawa a bayan gari, kowace da kayanta masu yagewa. Kassimu ya bar gindin bangon mai yadi ya kama ɗan shago a Mahjar. Bai yi arziki ba, kada wani ya ƙara gishiri. Ya dai aurar da 'yarsa Aissa da abin da basilla ta kawo, kuma duk wanda ya tambaye shi sana'arsa ya ce baduku, ba tare da ya sunkuyar da murya ba. Kayan zamani na roba da soso sun zo daga baya sun rage masa ciniki, a lokacin idonsa ma ya fara neman hutu. Duk da haka Juma'a ba ta wuce shi. Yana zuwa fili da 'yar kujerarsa, ya zauna kusa da masu shayi, ya sa wa mai jifa ido tun daga lasar yatsa har sakin ƙwallo.

Ya rasu a 2011. Matan unguwa sun yi ta leƙe ta taga, don ba su taɓa ganin jana'izar Bahaushe da 'yan Pakistan suka kusa fin dangi yawa ba. Wajen zaman makoki Dela maƙwabciya ta matso kusa da Zeinabou.

"Ni kam Hajiya, shekarun nan duka da Malam ya yi yana zuwa kallon wasan nan, wace ƙungiya yake so?"

Zeinabou ta gyara lulluɓi. "Ƙungiya? Ai har ya koma ga Allah bai san yadda ake gane wanda ya ci ba. In ya dawo na ce Malam wa ya yi nasara, sai ya ce shi dai ya ga an sha shayi."